Tsagar da Na Ƙara wa Mamaci

Duk shekara idan alhazai suka fara sauka, gidanmu na unguwar Tandabawi a Makka yakan daina zama namu. Ɗaki uku gare mu, duka ukun ake zuba wa baƙi, mu kuma mu kwashi tabarmi da tukwane mu haye saman soro, mu kafa rumfar buhu mu zauna ƙarƙashinta kamar kaji. Na taɓa rantse wa wani alhaji cewa Inna ba ta hura wuta a can sama, ajiye tukunya kawai take yi a kan daɓe, ta je ta yi alwala ta dawo ta tarar shinkafa ta nuna. Ya yarda, har da cewa subhanallahi. Irin wannan halin ne ya ja mini abin da zan ba da labarinsa.

Mu uku ne a gidan, ni da Inna da Kaka, wato mahaifin babana. Baba yana aikin sauke kaya a tashar jirgin ruwa ta Jidda, ba ma ganinsa sai alhazai sun watse. Kaka wanzami ne. Tun yana saurayi ya baro ƙasar Katsina a ƙafa da zabirarsa a rataye, yana tafe yana aske kawunan mutane har ya ƙetaro Bahar Maliya. Ni nake jiƙa masa kan mutane ina wasa masa aska, wai ina koyon sana'a. Bara, kwana uku muka yi a Mina muna aski. Ni dai a ƙirgata mun aske rabin duniya. Da muka dawo gida yatsun Kaka sun kumbura, sai da Inna ta riƙa tsoma masa su a ruwan ɗumi da gishiri. Unguwar kanta ta gaji. Alhazai na kwance a kowane lungu suna tari, suna jiran motar da za ta kai su Jidda. Masu ga-ruwa ma sun daina kiran ciniki, sai dai su tsaya a ƙofa su dube ka.

A ƙaramin ɗakin da ke gindin matakala aka sauke wani dattijo dogo siriri, mutumin Ikko. Bayarabe ne, amma ya ce kakansa daga Barazil ya dawo, wata ƙasa a ƙetaren babban teku inda aka riƙa kai bayi. Yana jin Hausa irin ta kasuwa. Ba ya shiga hirar sauran alhazai, ba ya sayen tsaraba, kuma a wajen jifan Shaiɗan aka take masa tabarau, don haka komai zai duba sai ya kai shi kusa da hancinsa. Abin da ya dame ni da shi akwatin ƙarfensa ne. Ko banɗaki zai zaga sai ya waiwaye shi.

Ran nan ya tafi Harami sallar azahar ya manta bai kulle ba. Ban yi niyyar komai ba, ƙafata ce ta kai ni. Na ɗaga murfin, na tarar da hotuna fal. Mata baƙaƙe kamar Inna, cikin fararen kaya masu faɗi kamar laima, wuyansu cike da duwatsu. Maza uku a bayan ganguna uku, babba da matsakaiciya da ƙarama. Wata mata ta faɗi idonta ya juye, wasu na lulluɓa mata zane. Ina tsugune baki buɗe na ji inuwa ta rufe ƙofa.

“Me kake nema?”

“Kunama ce ta shiga, ya Hajji. Na biyo ta.”

“Babba?”

“Kamar ɗan akuya.”

“To idan ka kama ta ka kawo mini, ban taɓa ɗaukar irinta hoto ba.”

Bai yi faɗa ba. Ya zauna a bakin shimfiɗa yana huci kamar wanda ya sauke buhu, ya ciro hotuna biyu ya jera. Ya ce wannan a wani gari mai suna Bahiya ya ɗauka, can Barazil, wannan kuma a ƙasar Dahomi. Na duba na sake dubawa. Ganga iri ɗaya, ɗaurin zane iri ɗaya, har yadda tsohuwa ke dafa ƙasa ta taɓa goshi iri ɗaya. Ya ce aikinsa ke nan shekara talatin: ya hau jirgi ya je can ya ɗauki yadda jikokin bayi ke bautar da kakanninsu suka bar musu, ya rubuta abin da suke faɗa, ya dawo nan ya bi gari gari yana neman inda abin ya fito.

“A can suna ce mini malam don ina salla,” in ji shi. “A gida suna ce mini boka saboda hotunan nan. Ƙafa ta gaji, ido ya gaji. Na ce bari in zo in sauke farali tun ina iya tafiya.”

Inna ta shigo da shayi, idonta ya faɗa kan matar da ta faɗi, ta kusa sakin tiren.

“A'uzubillahi! Ya Hajji, rufe, rufe. Wannan ai bori ne. A garin nan ko sunansa ba a faɗa, kana so a kwashe mu duka?”

Ta ce a rufe, amma ba ta fita ba. Ta tsaya tana leƙen wani hoto na wata mata a gaban tukunya riƙe da muciya.

“Wannan kuma tuwon shinkafa take tuƙawa?”

“Shinkafar Hausa suke ce masa a can.”

Inna ta taɓe baki. “Ta cika ruwa,” ta ce, ta fita.

A ranar Alhajin ya nuna mini hoton da ya fi kowanne tsufa. Ɗan kati ne bai kai tafin hannu ba, ya yi ja-ja-ja, gefensa ya cinye. Wani tsoho ne zaune, da hula, yana kallon mutum kai tsaye, kumatunsa biyu da tsaga tun daga gefen baki har zuwa wajen kunne. Alhajin ya ce ba shi ya ɗauka ba, an ɗauke shi tun ba a haifi uwarsa ba. Wata tsohuwa ce ta ba shi, shugabar ɗaya daga cikin gidajen bautar nan, wadda ta shekara da shekaru tana buɗe masa ƙofa tana ciyar da shi. Tsohon nan na cikin katin, kakanta ne. Duk shekara takan zuba ruwa a ƙasa ta kira matattunta, kowa ta ambaci ƙasar da aka ɗauko shi. Idan ta zo kan wannan sai ta yi shiru, don abin da ta sani kawai Bahaushe ne, yana azumi, yana wanke hannu da ƙafa kafin ya yi addu'a. Ta damƙa masa katin ta ce ya nemo mata ƙasar a fuskarsa, kuma kada ya daɗe, don ita ma ta kusa shiga cikin waɗanda ake zuba wa ruwa.

Ya nuna wa alhazan da suka hau jirgi tare. Wani ya ce Bazamfare ne, wani ya ce Bagobiri, wani ya ce Bakabe, har biyu suka kusa dambe. Daga ƙarshe aka ce masa tsagar mutanen yamma kusan kama ɗaya take, ƙirga ce ke raba su, ya nemi tsohon wanzami. Ga shi kuwa Allah ya sauke shi a gidan wanzami.

Sai dai Kaka ba ya kallon hoto. Ko gwangwanin madara aka sayo mai zanen saniya sai an kankare kan saniyar kafin ya shiga gidan. Alhajin ya hau sama da la'asar ya same shi a rumfa, yatsu cikin kwanon ruwa, ya gaishe shi ya faɗi buƙatarsa. Yana sa hannu aljihu Kaka ya juya fuska ga bango.

“Mayar, Alhaji. Shekara hamsin ban kalli wannan abu ba, ba zan fara a kan matacce ba.”

“Baba wanzam, duba ɗaya ne.”

“Ka kawo mini mutumin, in karanta maka shi har kakan kakansa.”

“Ya mutu tuntuni.”

“Allah ya ji ƙansa.”

“To in zana maka a takarda?”

“Ka zana fuska? Ai gara na farkon, shi aƙalla ba kai ka yi ba.”

Alhajin ya gwada faɗa da baki. Ya ce layi ne da yawa, daga nan zuwa nan. Kaka ya ce nawa? Ya ce wata rana yakan ƙirga bakwai, wata rana takwas, yanzu da babu tabarau ma gaba ɗaya sun haɗe. Kaka ya ce to shi ma wata rana Bagobiri ne wata rana wani abu. Alhajin ya sauka matakala yana dafa bango, ɗaya bayan ɗaya, kamar an ƙara masa shekara goma.

Ni na kawo dabarar, kuma har yau ina ganin dabara ce mai kyau. Washegari da hantsi na sami Alhajin na ce, fuskata ai ba hoto ba ce, Allah ne ya yi ta. Idan na kwafi tsagar a kumatuna da kwalli na je na zauna gaban Kaka, me zai ce? Ya dube ni, sai ya yi dariya, karo na farko da na ji ta. Ya ba ni katin da wani gilashi mai ƙara girman abu, ya ce, “Idonka sabo ne. Ƙirga da kyau, yaro. Da kai na dogara.”

Na saci tandun kwallin Inna, na ɗauki madubin aski, na ɓuya bayan randa. Na ƙirga da kyau, wannan kam ban yi ha'inci ba. Shida a kunci ɗaya, bakwai a ɗayan. Na ja su da tsinke ɗaya bayan ɗaya. Da na gama na kalli madubi sai abin ya yi mini kaɗan. Ga fili nan ya rage a kumatu har jaki ya yi birgima. Na ce a raina, mutumin da aka ɗauka aka ƙetare teku da shi, aka kuma ɗauko hotonsa aka zagayo duniya har Makka, a ce layi shida kacal? Na ƙara ɗaya. Ya yi kyau. Na ƙara wani don ɗaya gefen kada ya ji haushi. Kafin in farga na ƙara uku a nan uku a can. Wallahi ban ɗauka wani abu ba ne. Haka nake yi wa kowane labari, ba wanda ya taɓa mutuwa.

Na hau sama na yi sallama da murya irin ta manya na durƙusa gaban Kaka. Alhajin na biye da ni. Inna ta ɗago daga tsintar shinkafa ta ce, “Ya walad! Kai yaron nan, kwallina!” Kaka kuwa ya zuba mini ido, gemunsa na rawa, yana ƙoƙarin kada ya yi dariya.

“Wannan baƙon daga ina?”

“Daga Barazil, Kaka. Na zo a gaya mini gidanmu.”

“Ɗan banza. Matso.”

Ya kama haɓata ya juya ni wajen haske. Nan take fuskarsa ta canja, ta koma irin wadda yake yi idan aska na kan maƙogwaron mutum. Ya bi layukan da ɗan yatsansa mai kumburi ba tare da ya taɓa ba, leɓensa na motsi. Ya juya ɗaya kuncin.

“Tara, goma. Alhaji, mutuminka Bakabe ne. Ba shakka a ciki.”

Ya shiga ba shi labarin Kabi, ƙasar ruwa da kifi da shinkafa, ya ce ya taɓa aske wasu Kabawa a hanyar Sudan, masu taurin kai da kyauta. Alhajin ya ciro littafinsa yana rubutu hanci a kan takarda. Ya ce shinkafa! Ashe shi ya sa! Ya kama hannun Kaka da hannu biyu har Kaka ya ce wayyo yatsuna. Ni kuma ina tsugune ina murmushin yaƙe.

Yinin ranar duka Alhajin yana ɗaki yana rubuta wasiƙa da wani harshe na can. Shafi huɗu. Ya kira ni ya nuna mini inda ya rubuta Kabi da manyan baƙaƙe. Ya ce jibi motarsu za ta tashi, yana isa Jidda zai sa ta a jirgi, idan Allah ya so za ta iske tsohuwar kafin lokacin zuba ruwa na shekarar. Ya ce idan ya koma gida kuma zai daure ya hau mota ya je Kabin da kansa, ya ɗauko mata hoton kogin, wannan ce tafiyarsa ta ƙarshe, daga ita ya ajiye. Ya ba ni dabino cike da hannu. Na ci, amma kamar gawayi nake tauna.

Na yi ta lallashin kaina. Na ce Kabi da wata ƙasar ai duk Hausa ce. Na ce tsohuwar ba za ta taɓa sani ba, mamacin kuma ba zai kawo ƙara ba. Na ce ma wataƙila ni ne na ƙirga ba daidai ba tun farko, ƙarin da na yi shi ya gyara. Amma ko ina na juya sai in ga wata tsohuwa da ban taɓa gani ba, ta sunkuya da ƙoƙon ruwa, tana kiran kakanta da ƙasar wasu. Da rana Kaka ya sa ni wasa aska, na wasa ɗaya har ta kusa zama allura.

Ana gobe za su tafi, bayan azahar, lokacin da kowa ya kwanta zafi ya danne shi, Alhajin ya leƙo ya yafito ni. Ya buɗe wani ƙunshin zanen harami, sai ga akwatin ɗaukar hoto, baƙi, mai ido biyu ɗaya a kan ɗaya. Tunda ya shigo Makka bai fito da shi ba. Ya ce so yake in sake zana tsagar, ya ɗauke ni a bakin taga, ya haɗa da wasiƙar, don tsohuwar ta ga tsagar kakanta a fuskar mai rai.

Ni da a ce wata rana ce da na yi tsalle har rufi. Ba a taɓa ɗaukata hoto ba, kuma a duk unguwarmu ba yaron da aka taɓa ɗauka. Na karɓi madubi na fara ja. Ɗaya, biyu, uku. Da na kai shida hannuna ya ƙi gaba. Na yi ɗaya kuncin, bakwai, na ajiye tsinken.

“Ka gama?” Ya matso da fuskarsa kusa da tawa. “Kamar jiya sun fi haka.”

“Ya Hajji, haka suke a katin.”

“Na jiya fa?”

“Na ƙara.”

“Ka ƙara me?”

“Uku-uku. Na ga kamar sun yi kaɗan.”

Na runtse ido ina jiran mari. Marin bai sauka ba. Da na buɗe, ya koma ya zauna a kan akwatin ƙarfensa, abin ɗaukar hoton a cinyarsa, yana kallon ƙasa. Sai na fara fatan ya mare ni.

“Shekara talatin,” ya ce, “mutane suna faɗa mini abin da suke ganin zai faranta mini. Na saba. Ina tambayar mutum uku kafin in rubuta abu ɗaya. Wannan karon na gaji, na tambayi ɗaya.” Ya nannaɗe abin cikin haramin. “Tashi mu je wajen kakanka.”

Kaka na kishingiɗe a rumfa yana fifita. Alhajin ya tsaya gefe ya bar ni da bakina. Na faɗa. Ban taɓa ba da labari gajere kamar wannan ba.

Kaka ya tashi zaune. Ya kama kunnena da yatsun nan da ake cewa ba sa iya riƙe cokali, ya murɗa har na ga Jidda.

“Kai kake son gadon zabirata? Ka san abin da ake yi wa wanzamin da ya ƙara layi ɗaya a fuskar jariri? Ya cire ɗa daga gidan ubansa ya kai shi gidan wasu, har ya mutu. Aska ba ta da magogi. Kai ka ƙara shida, ka kwashi mutum da kabarinsa ka kai Kabi!”

“Kaka, kwalli ne, yana fita.”

“A takardar Alhaji ma yana fita?”

Ya ce yanzu ko na rantse da Alƙur'ani ba zai karɓi ƙirgata ni kaɗai ba. Ya kira Inna. Ta ce ita ba ruwanta da hoton matattu. Ya ce ke da kike hango tsakuwa a shinkafa daga ƙofar gida, zo ki fid da mu kunya. Ta goge hannu ta karɓi katin da gilashin, ta koma bayan Kaka inda ba zai gani ba, ta zaro allura daga gefen mayafinta tana bin layukan da bakinta. Kaka bai saki kunnena ba. Tana ƙirgawa da ƙarfi, shi yana bin na fuskata.

“Shida,” in ji Inna. Can kuma, “Bakwai. Na bakwan ya dushe amma yana nan.”

“Daga gefen baki suka taso gaba ɗaya?”

“Gaba ɗaya.”

“Akwai wani a goshi, ko a kan hanci?”

“Babu.”

“Sake.”

Sau uku ta ƙirga. Sannan ya sake ni, ya dubi Alhajin, sai na ga gemun ya fara rawa.

“Alhaji, ashe ubangidanka kake yawo da shi a aljihu. Bagobiri ne.”

Ban gane ba sai da Inna ta tuntsire da dariya ta ce ai Gobirawa da Yarabawa abokan wasa ne, duk inda suka haɗu sai an yi tsiya. Alhajin ma ya sani. Ya ɗan murmusa ya ce, “Shi ya sa ya wahalar da ni haka. Da na sani da na bar shi a jirgi.” Amma murmushin bai daɗe ba. Ya buɗe littafinsa ya soke abin da ya rubuta jiya, layi bayan layi.

“Wane gari a Gobir, Baba wanzam?”

“Wannan kuma fuska ba ta faɗa. Tana faɗin mutanenka, ba ta faɗin ƙofar gidanku. Kuma a zamanin da za a ce an kama mutumin nan, yaƙi ya tarwatsa su. Babban birninsu ma kufai ne tun kafin a haifi ubana. Idan ka je, ciyawa za ka ɗauka hoto.”

“To me zan rubuta mata?”

“Ka rubuta Gobir. Ta kira shi da ita, zai amsa in ana amsawa. Ni ban ce ana amsawa ba.”

Alhajin ya gyaɗa kai. Ya yi godiya, wannan karon bai kama hannun kowa ba. Na bi shi ƙasa ban san me zan yi ba, na tsaya a bakin ƙofa. Ya yayyaga shafi huɗun nan ƙanana ya zuba a kwanon shayi. Ya ɗauki sabuwar takarda. Abin da ya rubuta bai kai rabin shafi ba. Ya naɗe katin a ciki, don ya ce nata ne, ya daɗe a hannunsa. Maganar ɗaukata hoto ba ta sake tasowa ba, ni ma ban tayar ba.

Na ce, “Ya Hajji, za ka je Gobir ɗin?”

“Ban sani ba. Ka ji abin da kakanka ya ce.” Ya lashi bakin ambulan ya manne. “Bari dai wannan ta fara isa.”

Da safe motar ta zo bakin unguwa, babbar mota ce mai katako, alhazai suka hau kan kayansu kamar an jera tulu. Ni na ɗaukar masa akwatin ƙarfen, kuma ba zan faɗi nauyinsa ba don kada a ce na ƙara. Wasiƙar tana aljihun ƙirjinsa, yana ta dafa ta. Da aka ja shi sama ya zauna, ya leƙo ya neme ni da idanun nan nasa da ba sa gani sosai, ya ɗaga wa wani yaro daban hannu. Na ɗaga masa nawa duk da haka.

Mun sauko daga soro bayan kwana biyu, muka wanke ɗakuna, Inna ta yi kwana uku tana barci. Alhajin ya ce idan amsa ta zo daga can zai aiko mana ta hannun alhazan Ikko. Bana sun zo, na bi su masauki masauki ina tambaya, dogo siriri mai akwatin ƙarfe. Wani ya ce ya san shi, yana nan da rai amma ba ya fita sosai. Ko wasiƙar ta iske tsohuwar, wannan bai sani ba.